Littafin aikin kunkurun Tenerife

Asabar, 11 ga Janairu, 2025

Na buɗe wannan littafi ne don kada lissafi ya kufce mini kamar bara, da aka tambaye ni nawa ƙungiyar kimiyya ta kashe na tsaya ina inda-inda a gaban shugaban makaranta. Bana kunkuru za mu gina, girmansa daidai da yadda yake a raye. Kunkurun tsibirin Tenerife ne, wanda masana ke kira Centrochelys burchardi, ya ƙare tun kafin ɗan Adam ya sa ƙafa a tsibirin. An sa ranar baje koli 25 ga Fabrairu, kafin azumi. Mako shida ke nan da kwana uku. Ɗalibai goma sha ɗaya ne suka rubuta suna, maza bakwai, mata huɗu.

Asalin abin daga aji ya taso. Ina koyar da dabbobin da suka shuɗe, kowane yaro sai ya kawo mini dainoso na katun. Wata yarinya ta ce, "Malam, mu nan kusa da mu ba abin da ya taɓa ƙarewa?" Da na koma gida na bi diddigi sai na ci karo da wannan. Abin da ya kama ni shi ne sunan farko, Centrochelys. Shi ne dai sunan da babban kunkurunmu na Sahel yake ɗauke da shi, Centrochelys sulcata, wanda ake samu daga Senegal har Sudan da Habasha, wanda kuma wasu dattawa ke ajiyewa a tsakar gida nan Kano. A kan kamannin ƙashi aka haɗa su gida ɗaya. Ke nan ɗan'uwan abin da za mu gina yana unguwarmu yana cin ɓawon kankana.

Abin da na tara zuwa yanzu: Tenerife na cikin tsibiran Kanari, a Tekun Atlantika, ƙarƙashin mulkin Sifaniya, kimanin kilomita 300 daga gaɓar Afirka. An tono ƙasusuwan a kudancin tsibirin, yankin Adeje, cikin tokar dutse mai aman wuta da ta daskare. Wani masanin dabbobi Bajamushe, Ernst Ahl, shi ya raɗa masa suna a 1926, ya laƙaba masa sunan Oscar Burchard, Bajamushe masanin tsirrai da ya zauna a tsibirin. Tsawon ƙoƙon bayansa an ƙiyasta tsakanin santimita 65 da 94. Na ɗauki tsakiya, 80.

Makaranta ta ba da N30,000. Yara sun yi karo-karo, N500 kowa, ya kama N5,500.

Talata, 14 ga Janairu

Mun je gidan Baba, dattijon da ke bayan masallacin unguwarmu, mu auna kunkurunsa. Na ɗauki yara uku. Sanyi ya sa dabbar ta ƙi fitowa daga ramin da ta haƙa a gindin katanga, sai da rana ta ɗaga sosai, muna zaune kan tabarma Baba na ba mu labarin yadda aka kawo masa shi daga wajen Damagaram tun yana da ƙarfinsa. Da ya ga tef ɗin tela a hannun yaro sai ya yi dariya ya ce, "Malam, kunkurun ma awon riga za a yi masa?"

Awon da muka rubuta: tsawo 66, faɗi 38, tsayi 25. Muka sa shi a buhu muka rataya a sikelin mai hatsi, kilo 27. Bai ji daɗin buhun ba, ya yi ta huci.

Na sa yara su ƙirga gidajen da ke bayan ƙoƙon, waɗannan masu kama da gurbin dara. Biyar a jere ta tsakiya, huɗu dama huɗu hagu, sha ɗaya-sha ɗaya a gefe, sai guda a kan wutsiya. Mun ga ƙayar da ke bayan cinyarsa, da manyan ɓawo masu kauri a ƙafafun gaba waɗanda yake rufe fuska da su. Hotuna sun fi arba'in a wayata.

Asabar, 18 ga Janairu

Ƙofar Ruwa. Rodi mai kaurin milimita 8 guda biyu, N9,000. Mai walda ya lanƙwasa ya haɗa ƙashin ginin, N7,000. Adaidaita sahu zuwa makaranta, N1,200. Jimla N17,200. Na ba shi awo a takarda: tsawo 80, faɗi 46, tsayi 30. An ajiye a sito bayan ɗakin gwaje-gwaje.

Lahadi, 19 ga Janairu

Tun jiya abin ke damuna, yau na koma makaranta ni kaɗai na buɗe sito na zauna ina kallonsa. Wannan ba kunkuru ba ne. Kwale-kwale ne aka kife. Dogo, siriri, ba tudu. Na fito da hotunan gidan Baba na jera, sai na gano inda gizo ke saƙa. Tsawon nan 66, yaro ya kwantar da tef ne ya bi tudun ƙoƙon daga wuya zuwa wutsiya, ya bi lanƙwasa. Faɗi da tsayi kuwa da katako muka tare muka auna a miƙe. Na haɗa awon lanƙwasa da awon miƙe na yi rabo da su. Ni da nake tsaye a wurin, ni na rubuta da hannuna, don haka ba yaron da zan ɗora wa. Masana in sun faɗi tsawon ƙoƙo, a miƙe suke nufi, kamar ka tsayar da katako biyu gaba da baya ka auna tsakaninsu.

Maman yara ta ce in bar shi haka, wa ya taɓa ganin na gaskiyar da zai ce ba haka yake ba. Maganarta ta tsaya mini a rai, don gaskiya ta faɗa ta wani ɓangaren: ba wanda ya taɓa ganinsa. Amma ai dalilin ke nan da ɗan abin da muka sani bai kamata mu ɓata shi ba.

Laraba, 22 ga Janairu

Na koma gidan Baba da katako biyu da rula. Tsawo a miƙe 52. Sabon lissafi: 80 a raba da 52 ya ba da 1.54. Faɗi ya koma 58 da rabi, tsayi 38 da rabi. Banbancin ba kaɗan ba ne.

Mai walda ya kalli sabuwar takarda ya kalle ni ya ce, "Yallaɓai, ai da ka ce mini tukunya kake so da tun farko na gane." Ya yanke haƙarƙarin duka ya sake. Ƙarin rodi N4,500, aiki N3,000. Jimla N24,700.

Abu ɗaya mai daɗi ya fito daga kuskuren. Na kai lissafin aji na tambaya: in tsawo ya ƙaru sau 1.54, nauyi fa? Duk suka ce sau 1.54. Sai na sa su ninka shi sau uku a kansa, tsawo da faɗi da tsayi, ya ba da kusan 3.6. Kilo 27 na kunkurun Baba ya zama wajen kilo 98, in sifarsu ɗaya ce. Buhun hatsi guda mai tafiya da ƙafa huɗu. Malamin lissafi ya ce na shiga masa gona.

Asabar, 25 ga Janairu

Ragar kaji yadi huɗu N6,000, wayar ɗauri N1,500. Jimla N32,200, kuɗin makaranta ya ƙare. Mun lulluɓe ƙarfen da raga. Yara biyu sun yanke a hannu, na sa musu aidin. Yanzu ko daga nesa an san kunkuru ne.

Alhamis, 30 ga Janairu

Mun fara liƙa takarda. Tsofaffin takardun jarrabawa ne da suka yi shekaru a sito, kyauta, sai dai na hana yara karanta makin yayyensu. Garin rogo N2,000, muka dama koko mai kauri. Shafi uku yau. Jimla N34,200.

Hannu na aiki baki na tambaya. Wani yaro ya ce shi fa bai yarda ba, ta yaya kunkuru zai je tsibirin da ke tsakiyar teku? Ko dā can a haɗe yake da Afirka? Na ce a'a. Tsibiran Kanari aman wuta ne ya tofo su daga ƙasan teku, ba su taɓa haɗuwa da gaɓa ba. Dutsen Teide da ke tsakiyar Tenerife, mai tsayin mita fiye da 3,700, shi ne dutse mafi tsayi a duk ƙasar Sifaniya, kuma mai aman wuta ne. Duk abin da ke raye a can ko dai ya tashi sama ya je, ko iska ta kai shi, ko ruwa. Kunkurun tudu bai iya iyo na kirki ba, amma ba ya nutsewa da wuri, huhunsa na sama ƙarƙashin ƙoƙo, yana miƙa wuya ya shaƙi iska, kuma yana jure watanni ba ci ba sha. Mai yiwuwa ambaliya ce ta kwashe shi daga bakin kogi a gaɓar Maroko, igiyar ruwa ta yi sauran aikin. Mace ɗaya mai ɗauke da ƙwai ta isa ta kafa zuriya.

Ya ce tatsuniya ce. Na ba shi labarin abin da ya faru a Disambar 2004, da wani ƙaton kunkurun tsibirin Aldabra ya fito daga teku da ransa a Kimbiji, gaɓar Tanzaniya, bayan tafiyar kimanin kilomita 740. Ya rame, kuma ƙananan halittun nan masu ɓawo da ke manne wa gindin jirgin ruwa sun tsiro masa a ƙafafu, shaidar ya yi makonni a ruwa. Yaron ya yi shiru, can ya ce to mu gwada da na Baba a kududdufi. Na ce ya je ya faɗa wa Baba da bakinsa.

Asabar, 1 ga Fabrairu

Shafi uku kuma. Hunturu na taimako, kafin la'asar ya bushe ƙarau.

Litinin, 3 ga Fabrairu

Ɓeraye. Na buɗe sito da safe na tarar sun yi walima. Gefen hagu gaba ɗaya sun cinye har raga ta fito, sun huda rami biyu a sama, kuma alamu sun nuna a cikin kunkurun suka kwana, don akwai kashinsu da tarkacen takarda da suka yi sheƙa da shi. Aikin yini biyu na yara goma sha ɗaya ya tafi cikin dare biyu. Wata daga cikin 'yan matan har da hawaye, don ita ta yi wannan gefen, ta daidaita shi sumul.

Na san ɓera na son rogo. Kowa ya sani. Arha ce ta ruɗe ni, ga shi arhar ba ta yi ado ba. Maigadi ya ce tun ranar Alhamis ya so ya yi mini magana da ya ji ƙanshin koko, sai ya ga kamar shisshigi ne. Na ce, "Baba maigadi, don Allah gobe in ka ga zan faɗa rami ka yi shisshigin."

Mun yanke duk inda suka taɓa, muka share, muka shanya a rana. Na sayi farin gam na kafintoci N4,500, za mu tsinka shi da ruwa. Tarko biyu N1,000. Jimla N39,700. Daga yau aikin a kan tebur zai kwana, ƙafafun tebur a cikin gwangwanayen ruwa.

Abin dariya, a daren nan ina duba wasu bayanai sai na ga Tenerife ma ta yi nata ƙaton ɓera, Canariomys bravoi, da ƙaton ƙadangare, Gallotia goliath. Su biyun sun kai har zamanin da mutane suka iso, wato Guanche, dangin Berber na arewacin Afirka, waɗanda Sifaniyawa suka gama cinye su da yaƙi a 1496. Kunkurun dai bai jira kowa ba. Abin da aka fi dangantawa da ƙarewarsa shi ne aman wutar tsibirin, kuma tokar da ta binne shi ita ce ta adana mana ƙashinsa.

Juma'a, 7 ga Fabrairu

An gyara gefen hagu. Tarko ya kama uku.

Bayan an sauko daga masallaci malamin addini na makarantarmu ya ja ni gefe. Mutum ne mai sauƙin kai, mun daɗe tare. Ya ce, "Malam, wasu iyaye za su yi magana a kan sassaƙa abu mai rai, gara ka shirya tun yanzu." Mun ɗan tattauna, ya ce shi a ganinsa kayan koyarwa ne, amma kai da fuska su ne inda magana ta fi tsanani. A hanyar gida dabara ta zo mini. Kunkuru in ya ji motsi me yake yi? Ya janye kai ciki ya rufe ƙofa da ƙafafun gaba. Haka na Baba ya yi mana da muka fito da shi daga buhu, kuma ina da hotonsa a hakan. To namu ma haka zai zauna. Ba kai, ba ido, ƙoƙo ne da ƙafafu. Ɗan goran da na ajiye don yin kan ya koma kicin.

Yara maza ba su so ba. Ɗaya ya ce kunkurunmu matsoraci ne.

Asabar, 8 ga Fabrairu

Fi-o-fi, farar hodar nan da ake yin silin da ita, rabin buhu N5,500, sanfefa N600. Jimla N45,800. Kwaɓin farko na yi shi da yawa, ina tsaye ina bayani ya sandare a bokiti, sai da muka fasa da guduma. Daga nan muka koma kwaɓa kofi biyu-biyu. Mun shafe ƙoƙon duka, kauri kamar rabin yatsa. Tun yana ɗanye muka zana gidajen da ƙusa, muna kallon hoto. Na bar wa 'yan matan zanen layukan da ke zagaye kowane gida, hannunsu ya fi natsuwa, masu zanen lalle ne.

Laraba, 12 ga Fabrairu

Ya tsage. Tsaga uku, babbar ta taso daga wajen wuya ta bi har tsakiyar baya. Takardar da ke ƙasa ta sha ruwan fi-o-fi ta kumbura, da ta bushe ta koma ta ja, saman kuma ba ya miƙewa. Ga iskar hunturu da muka bar wa taga a buɗe. Wani mai yin silin da na nuna wa hoton ya ce da na sa zare a ciki, su ba sa zuba shi tsura. Na sayi bandeji na kemis N2,400 da ƙarin fi-o-fi N3,000, muka buɗe tsagar da wuƙa, muka tsoma bandeji muka ɗinke kamar masu ɗori, muka sake zanen wurin. Jimla N51,200. Na rufe shi da tsohon zani don ya bushe a hankali.

Ƙafafu: guntayen bututun roba mai inci huɗu da suka rage daga gyaran banɗaki, an naɗe da raga da bandeji. Ɓawon ƙafafun gaba kuwa sakaina muka farfasa muka goge bakinta muka jera kamar rufin kwano. Wannan dabarar wata ɗaliba ce, kuma ita ce abu mafi kyau a jikin aikin zuwa yanzu.

Lahadi, 16 ga Fabrairu

Jiya na karɓo taswirar da za mu rataya a bayan kunkurun, N3,500, jimla N54,700. Yara biyu na ba aikin, suka sa alama a tsibiran da aka samu burbushin manyan kunkuru kewaye da arewacin Afirka. Tenerife. Gran Canaria, inda aka samu wani ɗan ƙarami, vulcanica, mai kimanin santimita 61, wanda aka raɗa wa suna a 1993. Lanzarote da Fuerteventura, inda aka samu ƙwai da suka zama dutse. Malta a Bahar Rum. Sai tsibirin Sal na ƙasar Cape Verde, da sunan atlantica. Na duba kafin a buga, na ce ya yi.

Yau da dare ina shirya abin da yara za su faɗa, na tsaya a kan na Cape Verde don in ƙara bayani, sai na tarar babu shi. Ba a taɓa yin irin wannan kunkuru ba. A 1998 aka raɗa masa suna daga wasu ƙasusuwa da aka ce daga ramin gishirin Pedra de Lume suke, ya shiga littattafai a matsayin daɗaɗɗen kunkurun tsibiri da ya ƙare, ya yi shekara ashirin da wani abu a haka. A 2021 wasu masana suka ciro ƙwayar halitta ta DNA daga ƙashin, suka kuma yi gwajin kabon na gano shekaru. Sakamako: kunkuru mai jan ƙafa ne na Kudancin Amurka, Chelonoidis carbonarius, irin da har gobe ake kiwo a gidaje, kuma dabbar tana raye tsakanin 1962 da 1974. Mahaifina ya girme shi. Abin da ya burge ni, cikin waɗanda suka fito da gyaran har da wasu daga masu raɗa sunan tun farko.

Na daɗe zaune da wayar a hannu. Farko N3,500 ɗina na tuna. Daga baya tunanin ya koma kan abin da ke sito. In masu digiri da gidan tarihi za su ɗauki ƙashi su gina dabbar da babu, ni da ragar kaji da takardun jarrabawa fa? Na ɗauki biro na raba takarda biyu. A dama na rubuta abin da ƙasar Tenerife ta bayar: ƙasusuwa, ɓallin ƙoƙo, gurbin ƙwai a Adeje, da ƙiyasin tsawo da aka ciro daga gare su. A hagu abin da muka aro daga gidan Baba: tudun baya, faɗi, yawan gidaje da zanensu, ɓawon ƙafa, ƙayar cinya, launi. Hagu ta fi dama tsawo nesa ba kusa ba. In an bi gaskiya, kunkurun Baba muka hura ya kai santimita 80.

Ban ga laifi a aron ba, haka ake yi ko'ina, da ɗan'uwa mai rai ake cike giɓin wanda ya mutu. Shi kansa sunan ya yi ƙaura sau biyu, daga Testudo zuwa Geochelone zuwa Centrochelys, gwargwadon yadda fahimta ke sauyawa. Laifin shi ne a tsayar da yaro gaban iyaye ya ce "haka yake" alhali aro ne. Takardar nan mai gida biyu za a buga ta a manna a gaban kunkurun.

Taswira kuma ba zan sake bugawa ba. Za mu ja jan layi a kan Sal, mu rubuta abin da ya faru a gefe.

Alhamis, 20 ga Fabrairu

Fenti ruwan ƙasa da ruwan ɗorawa da ɗan baƙi N6,000, burushi N1,200, ƙwallon tebur dozin N2,400. Jimla N64,300. Shafin farko ya fito da ƙyalli kamar sabuwar mota, muka barbaɗa masa rairayi mai laushi tun bai bushe ba, ya dawo kamar abin da ya kwana a rami.

Ƙwallayen su ne ƙwai. Na kunkurun Sahel kusan girmansu ke nan, farare, masu zagaye. Mun binne su rabi a cikin tsohon daro, cikin tokar murhu da aka kwaɓa da ragowar fi-o-fi, don a ga yadda toka ke rufe gurbi ta daskare a kansa. Su ma sun shiga layin aro.

Yaran da suka yi taswira sun ɗauka zan yi musu faɗa. Da na ce su za su ba da labarin Cape Verde da kansu, ɗaya ya ce, "Malam, wato mu faɗa wa mutane mun yi kuskure?" Na ce ku faɗa musu manya sun yi, mu muka kwafa, ni kuma na sa hannu.

Asabar, 22 ga Fabrairu

An ɗaure shi a kan fuskar wani karyayyen tebur. Gwajin bayani sau biyu. Na ƙara musu layi ɗaya a kan na Baba: shi ne kunkurun tudu na uku a girma a duniya, bayan na tsibiran Galapagos da na Aldabra, kuma hukumar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sa shi cikin dabbobin da ke fuskantar barazanar ƙarewa, saboda kamu don sayarwa da kuma dabbobin kiwo da ke cinye masa ciyawa. Yarinyar da ta yi tambayar farko ita na ba wannan layin.

Talata, 25 ga Fabrairu

Da safe muka zo fito da shi, ya ƙi fita. Faɗin katakon da muka ɗaure shi a kai 90, ƙofar sito 75. Mako shida ina shiga ƙofar nan ban taɓa auna ta ba. Muka karkata shi mu shida, yara na ta "a hankali, a hankali", ƙafar baya ta dama ta daki dokin ƙofa ta ɓalle. Saura minti arba'in baƙi su shigo. Wayar ɗauri da gam, muka juya wannan gefen ta bango, muka jingina daron ƙwai a wurin.

Mutane sun taru a kansa fiye da yadda na zata. Yawancinsu sai sun tsuguna sun leƙa ta gaba suna neman kan. Ba wanda ya yi maganar sassaƙa. Jan layin Cape Verde ya fi komai jan tambaya, wani uba ma'aikacin asibiti ya tsare yaran kusan minti goma a kan yadda ake gane shekarun ƙashi, suka amsa abin da suka iya.

Baba ya zo, jikansa ya riƙo shi. Ya zagaya shi da sanda, ya ƙwanƙwasa bayan, ya sa aka karanta masa takardar mai gida biyu. Da aka zo layin aro ya ce, "To ai nawa ne, Malam, ƙiba kawai ya yi." Sannan ya nuna gefen ƙoƙon ta baya ya ce na wurinsa bakin nan a ɗage yake kaɗan, yana da tsini-tsini, namu mun yi shi a daidaice kamar bakin faranti. Na buɗe hoto na duba. Haka ne.

Buga takardar bayani N1,000. Jimlar kashewa N65,300. An cire N35,500 na makaranta da na yara, saura N29,800 daga aljihuna, na kai wa shugaban makaranta rasit, ya ce a bari sai bayan Sallah.

Abin da ya rage: a sake ɗora ƙafar baya da bandeji, a gyara bakin ƙoƙon yadda Baba ya nuna, a rage katakon zuwa 70. Ba zai koma sito ba, na roƙi kusurwa a ɗakin gwaje-gwaje. Maigadi ya ce zai riƙa duba tarkon lokacin hutu, na bar masa N500 na ƙuli-ƙulin ɗana shi.